Tawadar Babban Yatsa

Ni ne Ilu mai gyaran keke,
bakin tashar Gujungu, gindin darbejiya.
Yatsan nan nawa ya san baƙin mai,
ya san gam, ya san tsatsa,
duk sabulu yana fitar da su.
Tawada ɗaya ce ta ƙi fita.

Ran Lahadi ce, kasuwa ta watse,
magariba ta kawo jiki.
Na hangi wani a kan keke ya bi burtali,
koriyar hula, dogon wuya, buhu a baya.
Da safe aka tsinci Alhaji Mantau, dillalin riɗi,
kwance cikin gero,
an kwance masa lalita.

Da aka tambaye ni, cewa na yi,
"Ya yi kama da Barau."
Kama na ce, su kuwa suka kama.
Ko yaro ya san kama da wane ba ta wane,
amma mai rubutun da Turanci yake yi,
alƙalaminsa ba shi da gurbin wataƙila.
Ya riƙe yatsana, ya dangwala, ya danna.

Kwana tara Barau ya yi a bayan kanta.
Ya fito ya amsa laifi.
Kafaɗar da ta kwana a ƙugiya
ko ruwan bara aka ce ita ta hana, za ta amsa.

A kotu tafinta yana ta sauri
kamar wanda mota za ta bari.
Barau ya ce yana fadama yana ba albasa ruwa.
Shaidunsa jaki ne, da guga, da farin wata.
Ba a kira ko ɗaya ba.
Lauyansa sau biyu ya zo,
ran nan ma da takardun wani.
Alƙali ya cire tabarau, ya yi doguwar magana.
Tafinta ya taƙaita: "Rataya. Sai haƙuri."

Uwani ta sayar da awaki,
sannan gonar, sannan kwallayen aurenta.
Gwaggo Tabawa ta cika tana kallon ƙofar zaure.
Sagiru, da yara suka sa masa Ɗan Igiya,
ya shiga motar shanu, har yau ba wasiƙa.
Ni kuwa ina nan ina liƙe tayoyi,
ina sahun gaba a masallaci.

Shekara goma sha ɗaya,
sai wani a asibitin Gumel, ciki ya kumbura,
ya ce a kira masa liman da ɗan sanda.
Ashe koriyar hula,
rumfa guda ake sayarwa a kasuwa.
Gaskiyar ma sai da ta yi shekara uku
tana bin layi daga tebur zuwa tebur.

Barau ya dawo.
Taku shida yake yi, ya tsaya, ya juya,
ko a tsakiyar fili,
kamar akwai bangon da mu ba ma gani.
In aka kaɗa makullai, sai ya daina tauna.
Ba ya barci gab da asuba,
wai lokacin ake kiran suna.
Yakan ambaci wani Ɗanlami, abokin tabarmarsa,
da ya yi ta rantsuwa irin tasa,
shi nasa mai kumburin cikin bai zo da wuri ba.

Jiya ya turo keken jikarsa.
"Ilu, duba mini, iska take zuba."
Na tsoma tub a ruwa,
kumfa ta nuna mini wurin nan take.
Da ma haka ake gwada magana
kafin a ɗora mata ran mutum.

Na liƙe. Ya miƙo naira ɗari biyu.
Na ce ya bar shi, don Allah ya bar shi.
Ya ajiye a kan benci.
"Haƙƙinka ne," in ji shi,
"ni ban taɓa cin haƙƙin kowa ba."

Kuɗin na nan.
Na danne su da dutse
kada iska ta ɗauka.