Kundin Bappa Njidda

A ƙasan adakar Goggo Dudu na same shi,
naɗe da tsohon rawani, gara ta ci gefe guda.
Ina buɗewa busasshen ganye ya faɗo cinyata,
shara-shara kamar fiffiken fara,
ya bar inuwarsa a takardar da ya kwana shekara saba'in.
Ƙarƙashin inuwar an rubuta:
"Sabara. Bakin Gongola, bayan la'asar.
Tana tsayar da gudawa. Ba ta tsayar da agana."

Haka kakana yake magana,
ajami tsaye-tsaye, da tawadar da ya dafa da hannunsa,
kowane tsiro da ɗakinsa:
maɗaci da ɗacinsa, hano da ƙamshin ɓawonsa,
sunan Hausa, na Fulatanci, wani wurin har na Bolanci,
sannan sunan tsohuwar da ta nuna masa.
Ba ya cin bashin sani ya ɓoye mai shi.

Shafi na arba'in da ɗaya, ya ja layi a kan maganar kansa.
"Na ce saiwar nan tana sauke zazzaɓi. Na yi kuskure.
Ɗan Ardo Hammadikko ya sha, bai ga asuba ba.
Mai zuwa bayana, kada ka bi sawuna a nan."
Tawadar ta baje a wurin.
Ko yayyafi ne, ko ba shi ba.

Shekarar da agana ta sauka Nafada
aka yi wa masu ciwo bukkoki a bayan gari,
ana miƙa musu kunu da doguwar gora.
Ya hau kekensa ya nufi asibitin Gombe,
ya dawo da ruwan lamba a kwalbar da ba ta kai ɗan yatsa ba,
lulluɓe da jiƙaƙƙen tsumma cikin ɗan tulu,
yana tsayawa kowace rijiya ya shayar da tsumman
kafin ya sha.

Gari ya rufe ƙofa.
Suka ce, wa ya taɓa shuka cuta a jikin mai lafiya
ya girbe lafiya?
Bai yi musu ba.
Ran kasuwa, gindin tsamiyar mahauta,
ya kira 'yarsa mai shekara shida,
ya naɗe mata hannun riga,
ya ƙona tsinken ƙarfe, ya karce damtsen.

Abin da kundin ya ce game da ranar:
"Mutum ɗaya. Tawa ce."
Bayan kwana tara: "Dudu tana wasan langa. Mutum goma sha bakwai."
Daga nan lissafi ya cinye shafuka,
har tsirrai suka rasa wurin zama.

Yanzu in tsofaffin unguwarmu sun zauna alwala
suka ja hannun riga sama,
ina karanta shi a damatsansu,
tabo zagayayye kamar anini,
harafi ɗaya da ya yi ta maimaitawa
inda gara ba ta isa.

Jiya ina shafa wa Goggo man kaɗanya
na tsaya a kan nata.
Na ce, kin ji tsoro?
Ta daɗe tana kallon bango.
Ta ce, "Ni? A'a.
Shi ne hannunsa ke rawa."