Inda Hatimi Ya Ƙare

Wata bakwai na yi ina safa da marwa
daga Mokoyo zuwa ofis:
hoto huɗu, tambur na jaka biyu,
da shaidar ban taɓa kwana a kaso ba.
Ranar da suka buga hatimin
sai da na sunsuna tawadar.

Ba don ƙawa na nema ba.
Bara waccan, tsakanin Gabi da gida,
mutum uku suka fito daga cikin geza,
suka kwashe kuɗin aya buhu arba'in,
suka bar ni da takalmi wari ɗaya
da yaron motata, Ɗan Jimma, dafe da ciki.
Har yau in zai yi dariya sai ya riƙe haƙarƙari.

Tun daga nan take kwana a ƙuguna,
ƙarƙashin 'yar shara, inda laya take a da.
Ba ta kai ludayi tsawo ba.
Hajo ba ta kama sunanta,
"waccan" take cewa, kamar sunan suruka.

Ran Laraba aka bugo daga Jibiya:
wana Nomau ya cika da asuba.
Uwa ɗaya, uba ɗaya, ƙasa biyu.
Na faɗa mota ban ko karya ba.

A Ɗan Isa jandarma ya karɓi takardar,
ya ɗaga ta sama kamar mai duban ƙwai.
Yaro ne, sa'ar autana,
gashin bakinsa bai gama shawara ba.
Ya ce, "Baba, farmi naka lafiya lau yake.
Amma ka ga igiyar can?
Bayanta, wagga takarda ta ƙunsa ƙosai ce.
Can lasisi suke biɗa, da nasu turancin,
kai kuwa da faransanci anka rubuta ka."

Na ce, yaro, gulbin da ke bayan gidanmu
daga can ya taho, wa ya tsai da shi?
Can aka yanke cibiyar kakata.
Su masu geza fa, da wane hatimi suke shiga,
da wane suke fita?

Ya sosa ƙeya, ya dubi layin motoci.
Ya ce, "Su ba su biyowa ta igiya.
Mai gaskiya shi ka tsayi a layi."

Da ya yi mini tsawa, da na ji daɗi,
da na sami abin ba da labari a tasha.
Sai ya jawo mini benci.

Na zaro ta, da ɗumin jikina a kanta.
Ya ƙirga harsashi a kan tebur, shida,
kamar mai ƙirga goron ɗaurin aure,
ya sa a akwati, ya ba ni 'yar rasi.
Yanzu takarda biyu gare ni, babu ƙarfe.

Na ƙetare igiyar da ƙafa.
Ƙasar ba ta sake launi ba,
geron can da na nan tsawonsu ɗaya,
akuya ja ta bi ta ƙarƙashin igiyar tana tuƙa.
Ni kaɗai na rage nauyi,
ina ta kai hannu ƙugu
kamar harshe a gurbin haƙori.

Na tarar an kai shi.
Na tsuguna a gefen danyar ƙasa,
inda babu mai shiga da komai,
ko layar, ko farmin, ko shida ɗin.
Na tuna Nomau bai taɓa riƙe abin da ya wuce lauje ba,
kuma ciwon ƙoda ne, ba 'yan geza ba.

Bayan sadakar uku na dawo.
Yaron ya sake ƙirgawa, shida.
Na mai da ita mazauninta,
ta yi sanyi, sai da na ɗan zabura.

Har muka wuce Madarunfa ba ta ɗauki ɗumi ba.
Direba ya ce, Alhaji, lafiya?
Na ce ja mu je,
a kai Maraɗi kafin magariba.