Farashin Takarda

Ina da 'yar maɗaba'a a Tudun Wada.
Injina tsoho ne, ɗan Jamus,
sai ya yi tari uku kafin ya kama aiki.

Ran Litinin na shiga Sabon Gari sayen takarda.
Okwudili ya dubi wayarsa kafin ya dube ni.
Ya ce rim ɗin jiya ya ƙara dubu biyu.
Na ce, cikin dare takardar ta yi ƙiba?
Ya ce dala ce ta tashi.
Ban ga fiffikenta ba,
amma iskarsa ta kaɗa min aljihu.

A gindin darbejiya, wajen PZ,
Barau na zaune da wayoyi uku a cinya.
Benci ɗaya muka zauna a firamare,
ni nake raɗa masa bakwai sau takwas.
Ba ya noma, ba ya saƙa,
ko ƙullin gishiri bai taɓa sayarwa ba.
Ya saya, ya ɓoye, ya jira.
Jiran nan shi ne sana'arsa.
In aka ce gobe za ta hau, sai ya kwashe,
kwasar tasa kuma ita ke ɗora ta sama,
kamar mai ihun gobara a tsakiyar kasuwa
da ke tsince abin da masu gudu suka zubar.

Wata makaranta a Ƙofar Doka
ta biya ni littafin rubutu dubu a farashin watan jiya.
Na zare shafi ashirin daga kowanne.
Yaran ba za su sani ba
sai ranar da darasi ya rage, takarda ta ƙare.
Mai kemis ya zare nasa daga allurar Inna,
manomin Dakace ya zare daga buhun taki.
Haka ƙasa ke ramewa, shafi-shafi,
bangon littafin yana nan da ƙyallinsa.

Na san takarda fiye da Barau.
Naira ma takarda ce da tawada,
yarda ce kawai ke ba ta nauyi.

Jiya ya faka mota a ƙofata.
Katin walimar sabon gida yake so, ɗari biyar,
mai ruwan zinare,
a farashin bara, don zumunci.

Na goge hannuna da tsumma.
Na ce, Barau, jira.
Gobe zan faɗa maka kuɗin.