Kaucin Ɗorawa

A Gayari, yamma da rijiyar makiyaya,
akwai ɗorawar da ta girmi uwata.
Ranar rabon gado maza suka auna gona da igiya,
ni aka nuna mini itace.

Shekara bakwai tana ba ni kalwa buhu uku.
In dafa, in sussuke, in wanke,
in rufe ta har warin ya kai gidan maƙwabta.
Miyar rabin Gummi ta san hannuna.

Bara, da ta kakkaɓe ganye,
na ɗaga kai na ga reshe ɗaya kore shar.
Na ce albarka ce ta sauka.
Ƙanena Tunau ya yi dariya har ya riƙe ciki:
"Yaya, wannan ba ganyenta ba ne."

Ba shi da saiwa a ƙasa,
bai san fartanya ba, bai san fari ba.
Wani ɗan tsuntsu da bai cika tafin yaro ba
ya sha 'ya'yansa, danƙo ya kama masa baki,
ya goge a reshe, ya tashi abinsa.
Iyakar shukar ke nan.

Inda ya kafa, reshe ya kumbura kamar gwiwar tsoho.
Furensa tsinken ashana, ja a kai,
tutunta kuwa sai na ƙirga da yatsa.
Bana buhu ɗaya, shi ma bai kai wuya ba.

Tunau ya hau da gatari.
Muna tara shi za mu cinna wuta,
sai ga Bagudu mai saiwoyi ya jingine keke.
Ya shinshina, ya gutsura, ya tofar.
"Kaucin ɗorawa ne? Kada ku ƙona arziki."
Abin da ya ƙirga mini a tafi
daddawar wata guda ba ta kawo shi.
Ya ɗaure kaya, ya waigo:
"Baɗi ki bar mini iri."

Daren nan na kwana da kuɗin a bakin zane,
ban san wa zan gode wa ba.

Da hantsi na koma gindinta.
Ga tsuntsun can bisa sabon reshe,
yana goge baki hagu da dama.
Na duƙa na ɗauki hoge.
Yana hannuna har ya marmashe.