Littafin da Ya Rasa Wutsiya

A shagona na ɗinki, bakin tashar Dadin Kowa,
aka kawo shi cikin leda kamar majinyaci:
bango ya rabu da jiki, gefe ya sha man kifi,
kusurwa ɗaya akuya ta ɗanɗana ta bari.
Shi kaɗai ne tal a unguwarmu,
gida goma sha bakwai ya kwana tun faɗuwar damina.

Labarin Dudu ne, in ji su,
yarinyar da ta hau bayan kififfiya
ta nutsa ƙarƙashin dam
neman muryar ƙanenta,
wadda tarwaɗa mai tabarau ta saye
a kasuwar da ba a karɓar kuɗi sai inuwa.

Ina zura zare, suna yanke hukunci.

Ilu ɗan aji huɗu ya ce faɗan ya yi kaɗan.
Kada uku kacal? Da shi ne, bakwai zai sa.
Babi na shida kuwa a tsallake shi,
kuka ne zalla, ba abin da ya faru.

Hajjo ta harare shi har sai da ya matsa.
Ta ce babi na shida shi ne littafin,
sauran rakiya suka yi masa.
Ban tambaye ta dalili ba.
Na san ƙanenta Sale, shekara biyar,
har yau da yatsa yake roƙon ruwa.

Bappa Manu masunci, jikarsa ta karanta masa.
Ya ce marubucin bai taɓa jan koma ba:
tarwaɗa ba ta zama inda ruwa ke da haske,
kififfiya ko tulu ba ta ɗauka, balle mutum.
Ya kakkaɓe hula, ya kai bakin ƙofa,
sai ya waiwayo.
"Amma kasuwar nan fa,
akwai daren da na ji kamar ana ciniki a ƙasan jirgina..."
Bai ƙarasa ba.

Malama Asabe ta ƙirga kurakurai ashirin da ɗaya,
ƙa babu lanƙwasa, ɗa ya koma da,
duk ta bi su da jan biro.
Mako uku littafin ya yi a ɗakinta.
Gyaran lanƙwasa ba ya cin mako uku.

Goggo Yelwa ta ce ƙaryar aljanu ce,
ta hana yara ɗiban ruwa,
ta ƙona mata tuwo har sau biyu.
Ta miƙo mini rigar da ba inda ta yage,
ta rage murya:
"Tela, yarinyar nan, ta fito kuwa?"

To, nan ake yin ta.
Shafin ƙarshe babu.
An ce Tasalla mai awara ta naɗe wa wani ta hamsin a ciki,
Tasalla ta rantse har da hawaye.
Labari ya tsaya Dudu na gaban tarwaɗa,
inuwarta a tafin hannu,
ba ta miƙa ba, ba ta fasa ba.

Ni karatuna tafiyar hawainiya ne,
awon kafaɗa da tsawon hannu na fi sani.
Abin da na iya shi na yi:
na yago farar takarda daga littafin masu bashi,
na ɗinke ta a baya, ƙulli biyu.

Bayan mako ya dawo, zare ya riƙe.
A farar takardar hannu uku na gani.
Fensir ya kawo kada bakwai, duk an kashe su.
Jan biro ya sa wa "ƙarshe" lanƙwasarsa.
Can ƙasa, ƙanana ƙanana,
kamar sawun tururuwa,
wani hannu ya ce yaron ya buɗe baki
ya ce, "Adda, ruwa."

Na daɗe allura na hannuna.

Kuɗin ɗinki ban karɓa ba.
Na mayar da shi leda, na ɗaure,
don Goggo Yelwa ta aiko tun safe
wai a ba ta, za ta ɓoye shi kada ya lalata yara.