Fayil Mai Lamba Arba'in da Bakwai

Shekara goma sha tara ina ɗaure fayil da zare
a kotun nan ta Ƙofar Fada.
Ƙarar da za ta mutu, tun daga takun masu ita nake gane ta.

Da damina Ramlatu ta fara zuwa,
mayafi a jiƙe, leɓe a kumbure.
Ni na rubuta da hannuna:
buhun shinkafa biyu inda aka sa ran biyar,
jarkar man gyaɗa guda, ita ma ba ta cika ba,
gado aikin kafintan Tudun Wada,
ba irin na kanti mai madubi ba.
Garar ke nan, iyakar ƙarfin ubanta,
Malam Barau mai aikin wuyan riga a Kwarbai,
wanda ya sayar da kekensa don a fita kunya.
Keke ya tafi, kunya ta zauna.

Ta ce yayar mijin, Delu, kan buɗe mata kwalla gaban baƙi,
ta ƙwanƙwasa da farce
don kowa ya ji amon wofi.
Ta ce Ɗayyabu da dariya ya fara,
sai gori,
sai gaba ta mako uku,
sai hannu.
Na rubuta "hannu", alƙalami ya cije.
Takardar asibiti ce ta ƙarasa zancen.

Sau shida ana ɗage zama.
Dawa ta yi kai, aka yanke, aka sussuke,
ruwan Kubanni ya ja baya.
Yau ga su a benci guda,
hularsa da ɗankwalinta launi ɗaya,
mai unguwa riƙe da takardar sulhu
mai dangwalen yatsa huɗu.

Mai gabatar da ƙara ya miƙe, ya ce
duka ba bashin gishiri ba ne da za a yafe a zaure.
Lauyansu ya ce tsakanin harshe da haƙori ma ana saɓawa.
Na so in tambaye shi wanne ne ke zub da jini,
amma magatakarda ba shi da baki.

Mai shari'a ta cire tabarau,
ta ce kowa ya fita, a bar yarinyar.
Aka bar ni, don ni kamar kujera nake.

"An matsa miki?"
"A'a, ranki ya daɗe.
Ya kama mana haya a Gyallesu, nesa da gidansu.
Ya fanso keken Baba,
a kansa ya ɗauko shi, da rana tsaka, har ƙofar gida."
"In ya sake fa?"
Ta daɗe tana kallon fankar da ba ta juyi.
"Da can ban san hanyar nan ba.
Yanzu na sani."

An kori ƙara. An sallami wanda ake tuhuma.
Na buga hatimi, tawada ta fantsama a babban yatsana.

Ɗakin ajiyarmu cike yake da irin wannan sulhu.
Wata ta aiko mini da goron suna bayan shekara.
Wata, ƙaninta ne ya zo neman kwafin takarda,
bai zauna ba, ban tambaye shi dalili ba.
Ban taɓa iya bambance su a ranar rufewa ba,
duk murmushi ɗaya suke yi wa hatimi.

Ta taga na hango su sun hau babur.
Ya jira ta gyara zama, wannan na gani.
Ba ƙugunsa ta riƙe ba,
ƙarfen baya ta kama, wannan ma na gani.

Ƙa'ida ta ce rufaffen fayil ƙasan tari ake kai shi,
inda gara, ta ƙasa mai cin takarda, ke yin nata shari'ar.
Na ɗaure arba'in da bakwai da zarge, ba ƙulli ba,
na ɗora shi a kan kanta, daidai hannuna.
Allah Ya sa ƙura ta rufe shi a nan.

Sai na wanke yatsa, na kama hanyar kasuwa.
Bikin 'yata Hansatu saura wata biyu.
Buhu uku na tara.