Guduma Ce Ta Kamu

Ƙarfe uku da rabi rana ta faɗi a Tartu,
kogi ya daskare har gindin gada.
Piret ta ture kofin gahawarta gefe
ta ce, Kaarel, zo ka gani, ko idona ne.

Layi goma sha ɗaya.
Ba ni na rubuta ba, ba ita ba,
ba Indrek da ya bar mu bara ba.
Sun miƙe ƙafa cikin manhajar kantin magani
kamar baƙon da ya riga mai gida sanin maɓoyar makulli.

Na goge, na sake haɗawa, suka dawo.
Na buɗe shafi fari fat,
na rubuta kalma ɗaya tak, sannu,
na miƙa wa kamfaila ta ƙera,
sai ga su a ciki, sun riga sannun isowa.

Nan gwiwata ta yi sanyi.
Mun yini muna wanke wuƙa,
ashe guduma ce ta kamu.
Wata bakwai muna ƙira da ita,
duk abin da ta buga sai ta bar masa gado,
mu kuma mu sa hannu, mu buga hatimi, mu aika.

Abin haushi, cutar ba ta sata.
Ba ta share fayil, ba ta neman fansa.
Haihuwa kawai ta iya.
Ta sami maƙera ta shige, ta jira mai ƙira.

Piret ta ɗauko jerin sunaye, arba'in da biyu,
ta yaga takardar, ta ba ni rabi mai tsawo.
Makarantar kurame. Masu sayar da katako.
Tsohuwa Helgi mai kantin magani a Voru
ta ce, ɗan nan, kwamfutata lafiyarta lau.
Na ce, haka tawa ta ce mini jiya.
Ta yi shiru, ina jin agogon bangonta,
sannan ta ce, to, waye ya ba ka?
Ban sani ba. Wani ya ba ni da zuciya ɗaya,
kamar yadda na ba ta.

Tsakar dare muka zare wayoyi daga bango.
A ƙasan aljihun tebur, ƙarƙashin safar hannu ɗaya,
na sami tsohon faifai mai rubutun Indrek,
daga zamanin da guduma ke guduma.
Muka share komai, muka faro daga tushe,
muka gwada sabo da tsoho, harafi da harafi,
kamar masu tsince tsakuwa a shinkafa.

Da asuba na sake rubuta sannu.
Ta fito ita kaɗai, ba rakiya.

Piret ta sa rigar sanyi, ta tsaya bakin ƙofa,
motar kwashe ƙanƙara na gurnani a titi.
Ta nuna faifan da haɓa:
shi kuma wannan, da wace guduma aka ƙera shi?
Na ce, je ki kwanta.
Ni ban kwanta ba.